Marurun Ɗan Fari

Alhamdu lillahi, yau a zaune nake rubuta wannan, a kan kujera, ba tare da na karkata gefe ɗaya ba. Wanda bai taɓa yin makonni a kife kamar ƙwarya ba, ba zai gane abin da nake wa godiya ba. Matata Rakiya ta ce in na rubuta, mutanen tasha za su mai da ni abin dariya. Su yi ta yi. Da wani ya cire kunya ya gaya mini tun farko, da ban kai inda na kai ba.

Ni direba ne, ina jigilar fasinja daga Matameye zuwa Damagaram. Kuma ni ne ɗan fari a wurin mahaifiyarmu, Inna. Dole in faɗi wannan tun yanzu, don rabin ciwona a nan yake. A gidanmu an riƙe kunyar ɗan fari da hannu biyu. Har na kai shekara arba'in da uku, ban taɓa jin sunana a bakin Inna ba. Ina yaro "wancan" nake, da na fara tuƙi na zama "mai mota". Ba ta shiga ɗakina, ba ta miƙo mini abu hannu da hannu, in magana ta kama sai ta kalli bango ta yi ta, ko ta aiko Rakiya. Kakata ta wajen uba ce ta raine ni. Na san al'ada ce, kowa ya gaya mini ba ƙiyayya ba ce. Na yarda da baki, amma zuciyata ba ta taɓa yarda ba.

Sai kuma autanmu Nasiru. Shi kam sunansa ba ya hutawa a bakinta. Nasiru ka ci? Nasiru ka sha? Nasiru wa ya taɓa ka? Mutum da gemunsa da ƴaƴa biyu, amma in ya yi tari sai Inna ta ajiye abin da take yi.

A bazarar bara aka kawo Nasiru daga Kano, inda yake zuwa cin rani yana aikin gini. Ya faɗo daga kan katako, ƙafar dama ta karye. Ni na je har bakin iyaka na ɗauko shi, ni na kawo mai ɗori daga Tsauni. Kuma a cikin wannan makon ne na fara jin wani ɗan kumburi a gefen dubura, bai fi ƙwayar gyaɗa ba. In na zauna sai ya yi mini tsuk. Na ce zafin kujera ne da gumi, na ninka tsumma na sa a ƙarƙashina na ci gaba da aiki.

Kafin makon ya ƙare, gyaɗar ta zama goro. Ciwon kuma ya canja salo, ya koma bugawa, dum, dum, tare da bugun zuciya. Kowane rami a hanyar Kance sai na ji shi har tsakiyar kaina. Fasinja suka fara tambaya me ya sa nake tuƙi a karkace, na ce musu bayana ne ya riƙe.

A tasha na yi irin tambayar matsorata. Na ce wani abokina ne yake fama da abu kaza a wuri kaza. Ban rufe baki ba mutum huɗu suka ce basir. Mu a wurinmu duk abin da ya fito a wannan unguwar basir ne, ba a bincike. Wannan ya ce jiƙon sassaƙe, wancan ya ce a daina cin yaji da maiƙo, wani ya ce a gasa bulo a shimfiɗa tsumma a zauna. Mai tallan magani da ke yawo da faranti a kai ya jawo ni gefe, ya zuba mini ƙwayoyin nan masu ja da rawaya a tafin hannu.

"Ka ce wa abokin naka biyu da safe, biyu da yamma," in ji shi, yana kallon yadda na tsaya ƙafa a ware. "Kwana uku ya bushe."

Na sha. Kwana biyu na ji kamar da sauƙi, sai na daina, don a ganina magani na lokacin ciwo ne. Kwana biyu kuma ya dawo da fushi. Na koma, ya canja mini wasu farare. Haka na yi ta yi, in sha in bari, kamar mai ɗanɗana miya.

A mako na biyu na ajiye mota. Zama ya gagara, tsayuwa ta gagara, ban ɗaki kuwa sai na ciji hannun riga. Na kife a kan katifa, na ce wa Rakiya duk wanda ya tambaya ta ce masassara ce. Ita kaɗai ta san gaskiya, ita ma sai da ta ritsa ni ina hawaye a bayan gida.

To, ɗakina yana kallon na Inna, tsakar gida ce kawai a tsakani, kuma a rumfar ƙofarta aka shimfiɗa wa Nasiru tabarma da matasai. Daga inda nake kife ina ganin komai ta ƙasan labule. Tun hantsi masu dubiya suke shigowa. Ƴan uwa daga Dungu, abokansa na cin rani, limamin unguwa, matan maƙwabta da kwanonin kunu. Kowa ya zo sai a yaye zane a nuna masa ƙafar, a ɗaure da karare, an shafe ta da man shanu tana ƙyalli.

"Wayyo, sannu Nasiru! Yaya aka yi?"

Shi kuma ya gyara murya ya fara. Ranar farko daga hawa ɗaya ya faɗo. Kafin sati ya zagayo ginin ya kai hawa uku. Inna tana gefe da mafici tana kora masa ƙuda, tana cewa, "A hankali, Nasiru, kar ka motsa ta."

In sun fito za su tafi, wani ya leƙo ƙofata. "A'a, Direba, kana ciki? Lafiya?"

"Ƴar masassara ce."

"To, Allah ya sawwaƙe. A sha magani." Ko takalmi ba ya cirewa.

Ba zan ɓoye ba, na yi hassadar ƙanena a kan karaya. Na kwanta ina kallon ƙafar nan ina cewa a raina, ina ma ni ne. Ciwo mai mutunci, wanda ake nunawa, ake ba da labarinsa, ake kawo masa kaji. Nawa kuwa ko sunan wurin ba ya faɗuwa a gaban mutane. Ranar da Inna ta sa aka yanka jan zakaran nan, wanda ni na sayo mata shi a kasuwa, ƙamshin farfesu ya cika gidan, na ji tana cewa, "Sha romon, Nasiru, shi ke haɗa ƙashi," wallahi sai da na juya fuska bango. An aiko mini da nawa a kwano, ban ce ba a aiko ba. Fuffuke ne da wuya. Na ce wa Rakiya ta mayar.

"Kai fa ka ce masassara ce," in ji ta. "Wa ke yanka zakara don masassara? Ka gaya mata abin da ke damunka mana."

"Da wane bakin? In ce mata me? A ina?"

"To ni in gaya mata."

"Kika kuskura, sai kin bar gidan nan."

Ta ɗauki kwanon za ta fita. Ni kuma da yake ciwo da haushi sun haɗu, na ƙara da abin da har yau nake jin kunyarsa. Na ce, da ƙarfi yadda zai tsallake tsakar gida, "Ko mutuwa na yi a ɗakin nan, ai aiko ki za a yi ki duba ko na yi sanyi." Maficin Inna ya tsaya. Bayan ɗan lokaci ya ci gaba da kaɗawa.

Rakiya ta yi iya ƙoƙarinta. Ta dafa bagaruwa na zauna a ruwan, ta shafa mini man zafi, wanda ya sa na kusa tsaga rufin ɗaki da ihu. Wata ƙawarta ta ce a kira wanzami ya tsaga da aska, na kusa yarda, ita ta ƙi. Ta ce wurin da ba a gani sosai ba a sa masa aska da ka. A kan wannan kaɗai ba zan gama gode mata ba.

Mako na uku masassarar da na yi ta ƙarya da ita ta zo da gaske. Jikina ya yi zafi kamar murfin injin, ga rawar sanyi a tsakiyar bazara. Kumburin ya kai lemun tsami, ya yi tauri, fatar kewaye ta yi ja tana sheƙi. Fitsari ma sai da dabara. Na daina cin abinci don tsoron abin da zai biyo baya. Ƙwayoyin mai faranti kuwa na sha har kala huɗu, ban da tashin zuciya babu abin da suka ƙara mini.

Ranar wata Talata da safe, bayan an idar da salla, na ji muryar Inna a tsakar gida, kusa da ƙofata fiye da yadda ta saba zuwa.

"Rakiya. Ki ce wa mai mota yau za shi asibiti."

Ba tambaya ba ce. Ni kuwa abin da na raya a zuciyata shi ne, nishina ne ya hana Nasiru barci, shi ya sa. Dubi inda hassada take kai mutum.

Wani abokin aikina ya kawo mota har ƙofar gida. Aka kwantar da ni a kujerar baya, a kife. Sai ga Inna ta fito da mayafinta ta buɗe gaba ta zauna. Ba ta waiwayo ba. Ta kalli gilashi ta ce, "Maganin ƙafa zan karɓo wa Nasiru." Na rufe ido na ce, to, ai na sani. Ko a motar da za ta kai ni asibiti, Nasiru ne a kujerar gaba.

Mun tarar da layi har bakin baranda. Mata da jarirai, tsofaffi, wani da hannu a naɗe, kowa a zaune a benci yana jiran a kira shi. Ni da ba na zaunuwa, sai da wata baiwar Allah ta tashi da ƴaƴanta aka ba ni benci guda na kife, jama'a na kallona. Mun fi awa biyu. Na yi ta ƙorafi a raina, amma daga baya na ga ma'aikatan ba su kai yatsun hannu ɗaya ba, ga mutane kamar ranar kasuwa.

Da layi ya kusa zuwa kanmu, aka aiki Rakiya ta sayo safar hannu da auduga a farmasi. Tana fita sai ga majo, wato babbar ma'aikaciyar jinya, ta iso da rajista a hannu. Ta dube ni, ta dubi tsohuwar da ke tsaye a ƙarshen bencin.

"Mama, ke kika kawo shi? Yaya sunansa?"

Ina ji. Bakina lafiya lau, zazzaɓi bai hana ni magana ba. Amma wani abu ya ce mini, yi shiru. Na lumshe ido na saki jiki kamar wanda ya suma. Shekara arba'in da uku nake jiran wani ya yi mata wannan tambayar a inda babu wanda za ta aika.

Ta ƙasan ido na ga Inna ta juya baya, ta zaro lalitarta daga ƙugu, ta kwance. Ta fito da wata takarda a naɗe cikin leda, ta miƙa. Majo ta warware a hankali. Katin awo ne na jarirai, irin na da, ya yi launin ƙasa, ya tsage a kan ninki an ɗinke shi da zare.

"Mama, wannan ai ya girme ni," in ji majo tana dariya. Ta ɗaga shi sama ta duba. "Rubutun ya goge, ba ya karantuwa. Faɗa mini kawai, mutane na jira."

Inna ta waiwaya ƙofa ko Rakiya na tafe. Ba ta tafe. Ta dubi matan da ke kan benci, babu wadda ta san mu. Ta gyara mayafi, ta sake gyarawa. Sai ta sunkuyar da kai, da wata ƙaramar murya da ban san tana da ita ba, ta ce:

"Lawali."

Na sha jin sunana a tasha, a bakin ƴan sanda, a bakin masu bin mota da gudu. Ban taɓa jin sa haka ba. Ta faɗe shi a hankali, kamar mai ɗauko ƙwai. Hawaye ya zubo mini a kan bencin, na bar shi, don kowa zai ɗauka ciwo ne.

"Lawali wa? Sunan uba?"

Nan fa. Sunan mijinta ne, marigayi, wanda shi ma ba ta taɓa faɗa ba. Na ga ta sake waiwaya ƙofa. Ban san lokacin da na ɗago kai na ce, "Amadu. Lawali Amadu," da murya garau ba.

Majo ta rubuta ta wuce. Inna ta juyo ta dube ni, ido cikin ido, abin da ba ta taɓa yi ba.

"Ashe bakin yana aiki," ta ce. Ta karɓi katinta ta naɗe, ta fita ta zauna a gindin wani itacen bedi, wato dogon-yaro, a harabar asibitin.

Likitan saurayi ne, bai kai Nasiru ba, kuma sai da na cije kafin na yarda ya duba. Bai yi dariya ba, bai yamutsa fuska ba. Ya ce, "Baba, wa ya ce maka basir ne? Wannan maruru ne, mu muna ce masa absè. Mugunya ce ta taru a ciki." Rakiya ta zazzage masa ragowar ƙwayoyin a kan tebur. Ya jujjuya su da biro, ya girgiza kai, ya faɗi maganar da ta zauna mini har yau:

"Ƙwaya ba ta shiga inda mugunya ta taru. Ko buhu ka sha, sai an buɗe mata hanya ta fita. Kuma wannan sha biyu ka bari da kake yi, koya wa ciwon jure magani kake yi."

Ya ce da na zo a makon farko, da ƙaramin aiki ne in koma gida a ranar. Yanzu ya fara yaɗuwa cikin nama, ga zazzaɓi, sai an kwantar da ni. Ya sa aka auna jinina a ga ko ina da ciwon suga, don ya ce masu shi abin ya fi yi musu muni. Allah ya taimake ni babu.

A ranar aka yi aikin. An yi mini allura, an tsaga, an matse. Ba zan kwatanta abin da ya fito ba, don wataƙila wani yana cin abinci. Abin da zan ce shi ne, da allurar ta sake ni, bugawar nan ta mako uku ta tafi ɗif. Akwai zafin yanka, amma wannan zafi ne mai hankali. Na yi barcin da na manta yadda ake yin sa.

Kwana uku na yi ana sa mini maganin kashe ƙwayoyin cuta ta jijiya. Sannan aka sallame ni da na sha, aka ce in shanye duka, a kan lokaci, ko na ji na warke. Wannan karon Rakiya ce ta riƙe, ba ta kuma karɓar uzuri. Abin da ya fi wuya shi ne wankin ciwo. Ba a ɗinke wurin, a buɗe ake barin sa ya cike daga ciki, kullum sai na je an zare audugar jiya an sa sabuwa. Mai wankin yana da hannu mai nauyi, na gaya masa, ya ce gara nauyin hannunsa da dawowar ciwon. A gida kuma zama cikin ruwan ɗumi safe da yamma da bayan kowane ban ɗaki, ga shan ruwa da yawa, ga miyar kuɓewa da zogale don ciki ya yi laushi. Likita ya gargaɗe ni cewa wani lokaci abin yakan bar ƴar hanya da ke tsiyaya ba ta rufewa, fistil ya kira ta, in na ga jiƙa ko sabon kumburi in dawo da wuri. Na koma sau biyu ya duba. A mako na shida ya ce in hau motata.

Don haka, ɗan uwa, musamman ku masu wuni a kan kujera irina: in ka ji kumburi mai bugawa a wurin nan, kar ka tambayi tasha, kar ka tambayi mai faranti. Ba kowane abu ne basir ba. Abin da na ɓatar a kan jiƙo da ƙwayoyi, da makonnin da mota ta yi a ajiye, ya fi na asibitin nesa ba kusa ba. Kunyar minti biyar na guda, na sayi wahalar wata ɗaya da rabi.

Inna ba ta shiga ɗakin da aka kwantar da ni ba ko sau ɗaya. Rakiya ta ce kullum tana gindin bedin nan daga safe har la'asar. Da muka dawo gida kuma komai ya koma yadda yake. Ni ne mai mota, Nasiru ne Nasiru. Masu dubiya da suka ji an yi mini aiki sun zo, amma da zarar sun tambayi wurin sai hira ta koma kan damina.

Ranar da na fara zama a tsakar gida a kan matashi, Nasiru ya jawo sandarsa ya zauna kusa da ni.

"Yaya, ni fa ina da ƙara," ya ce. "Inna ta ce maganin ƙafata za ta karɓo. Kwana uku tana fita tun safe, an bar ni da ƙuda. Har yau ko ƙwaya ɗaya ban gani ba."

Inna tana bakin murhu, ta yi kamar ba ta ji ba. Na dubi bayanta, na dubi inda lalitar take a ƙugunta. Sai na ce wa Rakiya, yadda muka saba, "Ki ce wa Inna ko za ta ba ni katin nan in ajiye, tunda nawa ne."

Rakiya ba ta kai ga buɗe baki ba. Inna ta tura itace cikin wuta, ta kalli bango.

"Ki ce wa mai mota ba nasa ba ne," ta ce. "Nawa ne."